Mai turi na bayan kasuwa da dosiyen Bajamushen da dodo ya ciza

In kana Maradi kuma ka gaji da finafinan da ke yawo a wayar kowa, na Indiya masu fassara da na Kano da na 'yan Turkiyya da ba su ƙarewa, to akwai wani shagon turi a layin bayan babbar kasuwa, cikin masu gyaran waya, da nake ganin ya cancanci a yi maganarshi. Ba zan faɗi sunan yaron ba dan bai ce in yi mishi talla ba, kuma akwai wuraren da zan caccake shi a ƙasa. Hukuncina dai tun daga farko shi ne ku tahi, kuɗinku ba za su faɗi banza ba, amma ku je da kart memwar ɗinku ko kile, wato flash, kuma ku je da haƙuri mai yawa.

Shagon kanshi ba abin kallo ba ne. Benci guda, tebur, ordinatar guda mai aiki da wata da ta daɗe da rasuwa ana ɗora kwanon abinci bisanta, sai manyan diski da igiyoyin caja ko'ina. Abin da kowa ke saidawa shi ma shina saidawa, waƙoƙi, wa'azi, kokowa, ƙwallo. Amma cikin diski ɗaya akwai wani ɓangare da ya rubuta ma suna "na bebaye", wato finafinan da aka yi tun ba a iya sa murya cikin fim ba, kuma mafi yawansu na Jamus ne na tsakanin 1919 da 1929. Yanda abin ya faro ma abin dariya ne. Lokacin da sabon Nosferatu na Amurka, fim ɗin dodo mai shan jini, ya hito a ƙarshen 2024 samari suka dame shi da tambaya, ya bar ordinatar tana jan fim cikin dare, da safe ya tura ma mutane, kafin azahar sai ga su sun dawo suna masifa wai ya ba su fim ɗin zamanin kakanni ba kala ba magana. Ashe na asali ya jawo, na 1922. Ya maida musu kuɗinsu, shi kuma ya zauna ya kalla dan ya ga abin da ya ja mishi asara, to daga nan fa ya kamu.

Ba yawan finafinan ya sa nake wanga rubutu ba, tsarin ne. Duk mai turin da na sani da sunan fim yake jerawa, ko da sunan babban akta. Wanga yaro da fuska yake jerawa. In ya ga wani cikin fim ya tsaya mishi a rai, ko da mai riƙe ma sarki doki ne, sai ya koma jerin sunayen farkon fim ya biɗo sunanshi, ya bi duk inda ya sake hitowa ya tara su dosiye ɗaya, ya sa shekara gaban kowane, sai ka iske kana bin mutum guda shina girma shina canzawa daga fim zuwa fim. Da na ce ya ba ni na wanda ya hito a dodon Nosferatu na asali, wato Max Schreck, sai ya ce "Mushe, kowa dodon yake tambaya, dan Allah ɗauki na yaron da dodon ya ciza, in bai yi maka ba ka dawo in goge in sa maka wani kyauta." Na ce to ƙanena zuba mu gani.

Kuɗin ba su da yawa. Fim guda dala ashirin, sefa 100 ke nan ga 'yan'uwa na Najeriya da lissafinmu ke rikitawa, dosiyen gaba ɗai kuma mai fim biyar ya bar mini dala tamanin. Ya ce in bi su da shekara kar in yi tsalle, kuma shawarar tashi ta yi.

Yaron da dodon ya ciza sunanshi Gustav von Wangenheim. An haife shi ran 18 ga Fabrairu 1895 a garin Wiesbaden, kuma ɗan gado ne, ubanshi Eduard von Winterstein babban ɗan wasan daɓe ne da ya yi suna a Berlin ya kuma hito a finafinai masu yawa. Gidan masu sarauta ne ma tun asali. Ɗan ya yi koyo wurin Max Reinhardt, mutumin da gidan wasanshi ya yaye su Ernst Lubitsch da F. W. Murnau da Emil Jannings, to kun ga ba daga titi aka tsinto shi ba, da wuri ya shiga hannun manya. Abin mamakin shi ne yanda mutum zai yi aiki da Lubitsch da Murnau da Fritz Lang, manyan daraktocin Jamus na wancan zamani su ukun, amma yau ko masu son tsohon fim in ka nuna musu hotonshi sai sun yi tunani kafin su tuna.

Na farko a dosiyen Kohlhiesels Töchter ne na 1920, na Lubitsch, kuma shi na fi ba mutane shawara su fara da shi in suna tsoron za su yi barci. Barkwanci ne. Wani mai gidan saukar baƙi a ƙauyen duwatsu na Bavariya yana da ɗiya biyu mata, ƙaramar kyakkyawa mai fara'a, babbar kuma masifaffiya ce da samari ke gudu, uban ya kafe ba mai auren ƙaramar sai an ɗauke babbar tukunna. Mace guda ce, Henny Porten, ta hito a matsayin su biyun. Jannings ne ƙaton saurayin da ke son ƙaramar, shi kuma Wangenheim ne abokinshi Seppl, mai ba da shawarar mugunta: auri babbar, ka gallabe ta har ta gudu, sannan ka dawo ka ɗauki ƙaramar. Ƙato ya bi shawara, shi kuwa aboki ya zagaya ya yi wuf da ƙaramar. Da na sa shi a fada muna shan shayi wani dattijo da ke zama da mu ya ce ai wagga doka ta gidanmu ce, ƙanwa ba ta tsallake yaya, kuma irin wanga aboki akwai shi kowace unguwa, har ya fara kiran sunaye muka hana shi. Nan Wangenheim na da shekara 25, siriri, ido na rawa, dariya ba ta barin bakinshi, kuma ko da Jannings ya cika allo da jiki da hayaniya, in ka sa ido a gefen hoto za ka ga yaron na lissafinshi shiru shiru. Matsalar kofin da aka ba ni ita ce rubutun da ke hitowa tsakanin hotuna duk Jamusanci ne zalla, babu fassarar Faransanci a ƙasa. Amma nan ne mai shagon ya burge ni, dan kafin ka tashi sai ya ba ka labarin fim ɗin da baki cikin minti biyu, wane ne wane, wa ke son wa, inda za ka lura, kuma ba ya karɓar ko dala kan wannan.

Na biyu shi ma na Lubitsch ne na 1920, Romeo und Julia im Schnee, inda aka ɗauki labarin masoyan nan da kowa ya sani aka maida shi rigimar gidaje biyu na ƙauye cikin ƙanƙara, harda alƙali mai auna cin hancin da kowane ɓangare ya kawo a sikeli, gubar da masoyan suka sha kuma ashe ruwan sukari ne mai magani ya ba su. Wangenheim ne Romeo. Gajere ne, kofin ya dushe ƙwarai fuskoki sun zama fari fat, ku kalla ku wuce.

To sai Nosferatu, na Murnau. Nan zan daɗe dan nan ne yaron shagon ya yi abin yabo ya kuma yi abin haushi lokaci guda. Kofi biyu gare shi na wanga fim, kuma in ba ka yi magana ba wanda hannunshi ya fara taɓawa zai tura maka. Ɗaya baƙi da fari ne tsantsa, rubutunshi Turanci, an canza sunayen mutanen an maida su na littafin Dracula da aka ɗauko labarin daga cikinshi, kuma yana gudu fiye da kima mutane na tahiya tsidik tsidik abin tsoro ya koma abin dariya. Dalili kuwa kyamarar wancan lokaci da hannu ake juya ta, hotunan da take ɗauka cikin daƙiƙa ba su kai 24 ɗin da aka tsayar bayan zuwan murya ba, to in aka kunna su da gudun yanzu dole kowa ya riƙa sauri. Ɗayan kofin shi ne gyararre, wanda ke da rini: rana ruwan ɗorawa, dare shuɗi. Wannan rinin ba ado ba ne. Ba su da halin ɗaukar dare a waje, da rana tsaka suke ɗauka sannan a tsoma fim ɗin cikin shuɗi dan mai kallo ya san dare ne. To in aka cire rinin sai ka ga dodon da hasken rana ke kashewa ya ɗauko akwatin gawarshi a hammata yana ratsa gari rana na dukanshi ba abin da ya same shi, labarin gaba ɗai ya rushe. Dan haka ku ce mishi mai kala kuke so, ku tsaya ya buɗe ku gani da idonku. Alamar kofi mai kyau ita ce a farko za ku ga sunan gidauniyar Murnau, masu adanawa da gyara tsoffin finafinan Jamus, waɗanda ofishinsu ke Wiesbaden garin da aka haifi mutumin namu.

Cikin fim ɗin Wangenheim ne Hutter, ma'aikacin wani dillalin gidaje a garin Wisborg a 1838, da maigidanshi ya aika can Transilvaniya ya saida ma wani basarake mai suna Orlok, wato dodon, gida. An ɗauki fim ɗin a 1921, tashar jirgin ruwa da tituna a Wismar da Lübeck, gidan dodon kuma tsohuwar ganuwar Orava ce a Slovakiya, aka fara nuna shi a Berlin ran 4 ga Maris 1922. Yawancin waɗanda suka kalla tare da ni Hutter haushi ya ba su. Dariya yake da haƙora duka, tsalle yake, yana rungumar matarshi da ƙarfi har ka ce zai karya ta, mutanen masauki na gargaɗinshi kar ya hita da dare yana musu dariya, ya iske littafin da ke bayanin masu shan jini ya karanta ya kyalkyale ya jefar da shi ƙasa. Ya kwana gidan dodo ya tashi da huji biyu a wuya, ya zauna ya rubuta ma matarshi wasiƙa wai sauro ne. Wani a fada ya ce wanga ai sakarai ne ba akta ba.

Ni kuma ina ganin nan ne gwanintar take, kuma a kan wannan na tsaya. Hutter yaron shago ne da maigida ya aika Kano da kuɗi karon farko, kanshi ya kumbura, duk wanda ya ce mishi a yi hattara gani yake baƙin ciki ake mishi. In ba a gina wannan rawar kan tun farko ba, tsoron ba shi da inda zai sauka. Dodon ai kusan ba ya motsi, tsayuwa yake ƙerere da dogayen farce, kuma mintocin da ya hito cikin fim ɗin gaba ɗai ba su da yawa. Wanda ke gaya maka ka ji tsoro shi ne fuskar Hutter. Ku lura da wurin cin abinci lokacin da agogo ya buga ya yanke yatsa da wuƙar burodi, dodon ya taso, shi kuma yana ja da baya da baya har ya faɗa kujera, dariyar nan da ta cika muku ido tun farko ku ga yanda take zubewa kaɗan kaɗan. Ko inda ya buɗe ƙofar ɗaki ya hango abin tsaye can ƙarshen zaure, ya ruga gado ya ja mayafi ya rufe kai. Babban mutum da gemunshi ba zai so a ɗauke shi a haka ba, shi kuwa ya yarda ya zama matsoraci sosai ba rabi ba. A ƙarshe ma ba shi ya ceci garin ba, matarshi Ellen ce, wadda Greta Schröder ta hito a matsayinta, ita ta riƙe dodon har zakara ya yi cara, maigidan na gyangyaɗi a kujera ta tashe shi ta aike shi kiran likita dan ya ba ta wuri. To wa zai tuna irin wanga miji? Shiyasa hoton dodo ke rigunan samari a duniya shi kuma ba a san sunanshi ba.

Wani abu da ya ba ni dariya ina zaune kan bencin ina jiran turi: fim ɗin kanshi da satar fasaha aka yi shi. Kamfanin Prana da ya shirya shi bai nemi izini wurin iyalin Bram Stoker marubucin Dracula ba, matarshi Florence ta kai ƙara, kamfanin ya karye, a 1925 kotu ta ce a lalata duk kofin da ke akwai. Waɗanda suka riga suka hita ƙasashen waje ne suka tsira. Yau ga shi bayan shekara ɗari ana tura shi a Maradi dala ashirin.

Na huɗu shi ne Schatten na 1923, na darakta Arthur Robison, kuma in da ni ne mai shagon shi zan riƙa tallatawa gaba da kowane, dan an yi shi ne ba rubutu tsakanin hotuna, ba ka buƙatar Jamusanci ko Faransanci ko an taɓa sa ka lakwal. Wani attajiri mai kishi, Fritz Kortner, da matarshi mai son a kalle ta, da baƙi maza da suka zo cin abincin dare kowa na haɗiyar miyau, cikinsu akwai saurayin da ya fi kowa zurfi, shi ne Wangenheim. Sai ga wani mai wasan inuwa ya shigo gidan, ya sa su cikin wani irin barci, ya nuna musu da inuwoyinsu abin da zai faru in kowa ya bi son zuciyarshi, har zuwa jini. Mijin na ganin inuwa bisa labule yana zaton hannu ya taɓa matarshi alhali ko kusa ba a yi ba. Mai kyamarar Fritz Arno Wagner ne, shi ya ɗauki Nosferatu, mai wasan inuwar kuma Alexander Granach ne, dillalin nan mahaukaci da ya aiki Hutter. Nan Wangenheim ya rage dariya, ya koma kallo da tsayuwa, kuma ya fi kyau a haka. Ku tuna kuma shekarar da aka yi shi ce kuɗin Jamus suka zama takarda, a watan Nuwamba na 1923 dalar Amurka guda ta kai mark tiriliyan 4.2, cikin wannan hali mutane ke zaune suna wasa da fitila da inuwa.

Amma nan ne yaron ya yi ɓarnar da har yanzu ban yafe ba. Kofin da ya samo ba shi da sauti ko kaɗan, masu saye na dawowa wai lasifikar wayarsu ta lalace, sai ya ɗauko kiɗan baƙin ciki na finafinan Indiya ya liƙa mishi tun daga farko har ƙarshe. Wallahi miji na shirin kisa sarewa na kukan soyayya. Na ce mishi ƙanena wannan zalunci ne, ya ce "Mushe, in ba kiɗa ba su saye." Gaskiyarshi ta wani gefen, dan ko a wancan zamani ba a nuna su shiru, ƙaramin sinima na da mai piyano, babba na da ƙungiyar makaɗa gaba ɗai, Nosferatu ma Hans Erdmann ya rubuta mishi kiɗanshi na musamman. Amma kiɗan da aka yi dan hoton daban, wanda aka kwaso aka ɗora daban. Ku kashe sautin kawai in kun zo kanshi.

Na ƙarshe Frau im Mond ne na Fritz Lang, 1929, labarin tahiya duniyar wata biɗar zinariya. Dogo ne, ya wuce awa biyu da rabi, kuma awar farko duk leƙen asiri ne da satar takardu, in ka jure ta to lada na gaba. Masanin roka Hermann Oberth ne ya ba su shawara, shiyasa za ka ga roka mai hawa hawa tana yar da na ƙasa in man ya ƙare, shekara arba'in kafin mutum ya taka wata, kuma ƙirgen nan na baya baya har zuwa sifili kafin a harba roka a wanga fim aka fara yayata shi. Willy Fritsch ne akta, Gerda Maurus ce yarinyar, Fritz Rasp ne bos. Wangenheim kuma injiniya Windegger, abokin akta, wanda aka yi ma baiko da yarinyar da su biyun ke so. Shekara 34 gare shi nan, fuska ta cika, dariyar Seppl ta tahi. Da suka isa wata aka yi harbi tankin iska ya fashe, iskar da ta rage ba ta isar kowa komawa, dole mutum guda ya zauna. Aka ja ƙuri'a ta faɗa kanshi. Yanda ya narke a wurin, yana rawar jiki yana roƙo shi dai a maida shi duniya, shi ne wasa mafi kyau da na ga ya yi cikin dosiyen duka, ba ya neman ka so shi, kuma duk wanda ke kallo ya san a ranshi ba lalle shi ma ya yi abin da ya fi haka ba. Akta ne ya sadaukar da kanshi ya zauna, yarinyar ma ta zaɓi zama da akta. An sake barin mutumin namu da kunya.

Sai da na gama su a jere na gane abin da mai shagon ke nufi. Fim ɗaya ɗaya ba za ka lura ba, amma a jere sai ka ga daraktoci daban daban cikin shekara tara duk abu guda suka gani a fuskarshi, kyakkyawan saurayi mai fara'a da in rana ta ɓaci ba ya kaiwa. Wannan aiki ne mai wuya kuma ba a ba da lambar yabo kanshi.

Cikin kowane dosiye yaron na sa ɗan rubutu da Faransanci na tarihin mutumin, kuma na Wangenheim ya fi wasu finafinan abin mamaki. A 1922, shekarar da Nosferatu ya hito, ɗan masu sarauta ya shiga jam'iyyar kwaminis ta Jamus, kuma hankalinshi ya fi karkata ga wasan daɓe na ma'aikata fiye da fim. Ya kafa ƙungiyar wasa mai suna Truppe 1931 da 'yan wasan da ba su da aiki, wasansu Die Mausefalle ya karɓu ƙwarai a Berlin. Da Hitla ya hau mulki a 1933 aka hana su, ya gudu ta Paris ya sauka Mosko shi da matarshi Inge. Can ya ba da umarnin fim ɗin Kämpfer na 1936 kan shari'ar gobarar majalisar Jamus da Georgi Dimitrov, ɗan kwaminis na Bulgeriya da aka tuhuma da ita, kuma da yawa cikin waɗanda suka yi aikin fim ɗin guguwar kamen Stalin ta cinye su. Nan ne tabon yake. Takardun da masu tarihi suka tono bayan rushewar Sobiyet sun nuna ya ba hukumomin Sobiyet bayani a kan 'yar wasa Carola Neher cewa ba ta tare da gwamnati, an kama ta a 1936, ta rasu a kurkuku a 1942. Ɗanshi ya yi jayayya da yanda aka fassara takardun. Rubutun mai shagon layi ɗaya ya ba wagga magana, ni ina ganin ta fi haka nauyi, kuma bayan ka karanta ta in ka koma wurin jan ƙuri'ar nan a wata kallon ba ya zama iri ɗaya. A 1945 ya dawo Berlin aka ba shi shugabancin Deutsches Theater, gidan wasan da Reinhardt ya riƙe, ya sake buɗe shi a watan Satumba, amma a 1946 aka sauke shi aka sa Wolfgang Langhoff. Ya ci gaba da ba da umarni a kamfanin fim na Jamus ta Gabas, DEFA, harda Und wieder 48 na 1948, ya rasu a Berlin ta Gabas ran 5 ga Agusta 1975.

Wani zai ce duk waɗannan ai suna intanet kyauta, me ya sa zan biya. Haka ne, wasunsu na YouTube. Amma ku lissafa forfen da fim ɗin awa biyu da rabi zai cinye da irin rezon da muke da shi, ga shi sai ka san sunan kafin ka biɗa, kuma sunan ne ba mu da shi. Abin da kake saye wurin wanga yaro zaɓe ne da jeri. Kar kuma ku zarge shi in dosiye bai cika ba, mutumin ya yi finafinai fiye da biyar nesa ba kusa ba, amma mafi yawan finafinan wancan zamani sun ɓace, abin da ake ɗaukarsu bisanshi na saurin kama wuta kuma yana ruɓewa da kanshi a ajiye.

Sauran aibin na yau da kullum ne amma suna da ciwo. Ordinatar tashi na da ƙwayar cuta, kile ɗina ya dawo duk takardun lakwal da ke ciki sun ɓuya sai da wani mai gyara ya hiddo mini su, dan haka kar ku kai abin da ke da aikinku ciki, ku sayi na banza dan wannan kawai. Ba shi da gurup, wato janareta, in an ɗauke wuta tsakiyar turi sai a sake daga farko, kuma haka rabin na biyu na fim ɗin wata ya ƙi buɗewa sai da na koma, ko da yake ya sake mini ba gardama ba ƙarin kuɗi. Wasu fayil ɗin ba su buɗewa sai da VLC. In wayarka ƙarama ce mai maɓalli yana rage maka nauyin fim ɗin kan dala biyar, amma kar ka yarda, rubutun ba ya karantuwa kuma inuwar da aka yi fim ɗin dominta ta zama dunƙulen baƙi. Sunayen ma yanda ya ga dama yake rubuta su, Wangenheim kala uku na gani cikin dosiye guda. Da yamma kuma yara masu son waƙa sun cika bencin, ba ka samun labarin bakin nan da na yaba, dan hankalinshi ya rabu.

Akwai dosiyen Granach da na Fritz Rasp, wanda ya hito a Schatten da fim ɗin wata da kuma Metropolis, shi zan ɗauka gaba dan fuskar mugunta irin tashi ban taɓa gani ba. Ya ce shina kan biɗar Kämpfer, in ya samu zai ƙara cikin na Wangenheim ba tare da ƙarin kuɗi ga waɗanda suka riga suka saya ba. Lokacin da ya fi dacewa da hantsi ne, wajen ƙarfe goma, kafin rana ta yi zafi kasuwa ta cika. Yana rufewa da azahar ya daɗe bai dawo ba, ran Juma'a kuwa kar ku wahalar da mai kabu-kabu kafin la'asar.